Idan Mai Gona Ya Rasu, Gonar Ta Wa Ce?

Rigimar gado ba ta cika tashi ranar jana'iza ba, domin ranar nan kowa kuka yake yi. Takan tashi da bazara, lokacin sharar gona, sa'ad da mutum biyu suka ɗauki gatari da adda suka nufi gona ɗaya. Kafin a gama jayayya ruwan shuka ya sauka. Sau da yawa mai gari ko alƙali yakan ce kada kowa ya taɓa gonar sai an yanke magana, sai ta kwana cikin ciyawa har kaka. A ƙasarmu ta Bukkuyum da Anka da Gummi damina ɗaya ce a shekara. Gidan da ya rasa ta ya rasa gero da dawa na wata goma sha biyu. Saboda haka ya kamata kowane ɗan ƙungiya ya san yadda doka ta tsara wannan magana tun yana da lafiyarsa.

Ƙasa ta wa ce a wurin doka?

A ran 29 ga Maris 1978 gwamnatin soja ta Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa, wadda har yanzu ake aiki da ita. Dokar ta ce dukan ƙasar da ke cikin jiha tana hannun gwamna, yana riƙe da ita amana domin jama'a. Abin da manomi yake da shi shi ne ikon zama da aiki a kan gonarsa. A ƙauye ƙaramar hukuma ce take da ikon ba da takardar shaidar wannan riƙo. Wanda yake noma gonarsa tun kafin 1978, dokar ta ɗauka yana da wannan iko ko da ba shi da takarda ko ɗaya.

To, wannan iko ana gadonsa. Sashe na 24 na dokar ya ce idan mai gonar ƙauye ya rasu, a bi al'adar wurin da gonar take, sai dai idan akwai wata doka ko wata al'ada da ta shafi mamacin. Wato dokar 1978 ba ta faɗi rabon kowa ba. Ta mai da mu ga tambaya ɗaya: wace doka ce take bin wannan mamaci? A nan yawancin rigima take farawa.

Gandu da gayauna

Kafin mu je can, bari mu dubi yadda muke noma. Uba da 'ya'yansa maza suna aiki tare a gandu, ana ci daga rumbu ɗaya. Uba yakan yankar wa ɗa gayauna, ya noma ta da yamma ko ranar da ba a zuwa gandu, amfanin kuwa nasa ne. Wata Baturiya mai suna Polly Hill ta yi bincike a Batagarawa kusa da Katsina, ta buga littafinta a 1972. Ta lura cewa gandun 'yan'uwa ba ya cika daɗewa bayan rasuwar uba. Kowane dattijo a nan zai gaya muku haka ba tare da littafi ba.

Ga inda ƙaya take. Babban ɗa ya yi shekara ashirin yana kai taki da jaki, yana huɗa, yana biyan 'yan ƙwadago. Ƙanensa yana Ikko ko Fatakwal, bai taɓa riƙe fartanya ba tun yana yaro. Uba ya rasu, ƙanen ya dawo ya ce a raba. Babban yana ganin an zalunce shi, ba kuwa za a ce ba shi da dalilin jin zafi ba. Amma wahalar da ɗa ya sha a gandu ba ta ƙara masa rabo a gado. Idan uba yana so ya saka masa, sai ya yi tun yana da rai.

Gayauna ma haka. Kyauta ce aka ba ɗan, ko aro ne? Idan kyauta ce ta fita daga dukiyar mamaci. Idan aro ne sai ta koma cikin abin da za a raba. Uba ya sani, amma uba yana kabari. Alƙali kuwa shaidu zai nema.

Idan mamacin Musulmi ne

Yawancin maƙwabtanmu Musulmi ne, da yawa daga cikinmu kuma iyayenmu ko 'yan'uwanmu Musulmi ne. Don haka wannan sashe ya shafe mu. Kotunan Arewa suna bin mazhabar Malikiyya, alƙalai suna duba littattafai irin su Risala da Muhtasar da Tuhfa. Ba a fara rabo sai an fitar da abu uku bi da bi: kuɗin jana'iza, bashin da ake bin mamaci, sa'an nan wasiyya. Wasiyya ba ta wuce sulusi, wato kashi ɗaya cikin uku, kuma ba a yi wa wanda yake da rabo a gadon wasiyya sai sauran magada sun yarda.

Matar mamaci tana da tumuni, wato ɗaya cikin takwas, idan ya bar ɗa ko 'ya. Idan bai bari ba tana da ɗaya cikin huɗu. Ko matan huɗu ne, wannan kason za su raba. Uwa da uba kowannensu yana da ɗaya cikin shida idan mamacin ya bar ɗa namiji. Ɗa namiji yana samun ninki biyu na rabon 'ya mace.

Ga misali. A ce mutum ya rasu, iyayensa sun riga shi. Ya bar mata 2, 'ya'ya maza 2, 'ya'ya mata 3, da gona eka 16 bayan an biya bashi. Matan za su sami eka 2, kowace eka 1. Saura eka 14 a kasa kashi 7. Kowace 'ya ta sami eka 2, kowane ɗa eka 4.

A kan takarda lissafin nan ba wuya. A gona kuwa eka ba ta zama daidai da eka ba. Rabin eka a fadamar Gulbin Ka ko ta Gulbin Zamfara, inda ake shinkafa da damina a yi albasa da rani, ya fi eka uku na fako. Akwai kuma itatuwa: ɗorawa, kaɗanya, tsamiya, mangwaro. Shi ya sa masu rabo na kirki sukan fara yi wa kowace gona kuɗi, su raba kuɗin a lissafi, wanda ya ɗauki mai tsada ya cika wa sauran. Idan ɗaya daga cikin magada yana so ya sayar da kasonsa kafin a tsaga gonar, abokan tarayyarsa suna da haƙƙin shufa'a, wato su ne za su fara saye kafin bare. Idan kuma matar mamaci tana da ciki, a Malikiyya akan dakata da rabo har ta haihu.

Abu biyu sukan ba mutane mamaki. Na farko, jikan da ubansa ya riga kakansa rasuwa ba ya gado idan kakan ya bar ɗa namiji da rai. Marayu da yawa sun rasa gonar da ubansu ya yi wa hidima ta wannan hanya. Na biyu, bambancin addini yana hana gado. Ɗa Kirista ba ya gadon ubansa Musulmi a kotun Shari'a, haka kuma a fiƙihu Musulmi ba ya gadon wanda ba Musulmi ba. Maganin duka biyu ɗaya ne, kuma fiƙihun kansa ya yarda da shi: kyauta tun da rai, ko wasiyya cikin sulusi, tun da jikan nan da ɗan nan ba magada ba ne. Amma ku lura da sharaɗin kyauta. Sai wanda aka ba ya karɓi gonar a hannunsa, ya shiga nomanta, tun mai kyautar yana da lafiya. Kyautar baki wadda uba ya ci gaba da noman gonar har ya kwanta ciwon ajali, alƙali zai iya rushe ta.

Idan mamacin Kirista ne

A nan babu jadawalin rabo guda ɗaya. Abin da ake dubawa shi ne, ya bar wasiyya a rubuce? Idan bai bari ba, wane irin aure ya yi?

Mutane da yawa suna tsammani duk auren da aka ɗaura a coci auren doka ne. Ba haka ba ne. Auren doka sai an sa sanarwa a ofishin rajistar aure, an karɓo takardar izini, an ɗaura a rajista ko a majami'ar da gwamnati ta ba lasin, an kuma ba ma'aurata takardar gwamnati. Idan an biya sadaki bisa al'ada, fasto ya sa albarka, ba a bi waɗannan matakai ba, a wurin kotu auren al'ada ne. Aure ne sosai, amma gadonsa al'ada zai bi. Wanda ya yi auren doka kuwa, kotuna tun zamanin Turawa sukan fitar da gadonsa daga al'ada su bi dokar gwamnati, wadda ta ba matar da 'ya'yanta, maza da mata, rabo sananne. Kowane magidanci ya buɗe akwati ya duba wace takarda ce a ciki. Idan bai gane ba ya kai wa fasto ko sakataren ƙungiya.

Inda al'ada ce za a bi, sai an kawo dattawa su shaida mece ce al'adar, domin kotu tana ɗaukar al'ada kamar abin da sai an tabbatar da shi. Al'adun kuwa sun bambanta. Ta Bahaushen ƙauye dabam, ta 'yan'uwanmu da suka fito daga wajen Zuru dabam. Amma a wurare da yawa abu ɗaya ake gani: gona ta maza ce, 'ya mace za ta yi aure ta tafi, gwauruwa kuwa ta zauna idan dangin miji sun ga dama.

Kotun Ƙoli ta Nijeriya ta yi magana a kan wannan. Wani mutum mai suna Ukeje ya rasu a 1981 ba wasiyya, ya bar dukiya a Ikko. Aka nemi hana 'yarsa Gladys rabo bisa al'adar Ibo. Ta kai ƙara, aka yi ta ɗaukakawa, har ran 11 ga Afrilu 2014 Kotun Ƙoli ta ce al'adar da take hana 'ya mace gadon ubanta ta saɓa wa sashe na 42 na tsarin mulkin 1999, wanda ya hana nuna bambanci saboda jinsi ko yanayin haihuwa. A wannan rana kuma, a shari'ar Anekwe da Nweke daga Awka, kotun ta yi tir da al'adar korar gwauruwa daga gidan mijinta don ba ta haifi namiji ba. Shari'un nan daga kudu suka fito, amma tsarin mulki ɗaya ne daga Awka har Gwashi. Masu karatun Littafi kuma za su tuna da 'ya'yan Zelofehad mata biyar a Littafin Ƙidaya sura 27, waɗanda aka ba gādon ubansu. Abin kunya ne a ce 'yar maƙwabcinmu Musulmi tana da rabonta a rubuce, tamu kuwa ta fita da tabarma da tukunya.

Ku kuma dubi tsawon lokacin. Fiye da shekara 30 daga rasuwar Ukeje zuwa hukunci. Wane manomi ne zai iya wannan?

Kayan mace ba dukiyar miji ba ne. Awakinta, kajinta, kayan ɗakinta, gonar da ta gada a gidansu, da kuɗin adashinta, duk ba sa shiga rabo, ko a Shari'a ko a dokar gwamnati.

Aro, jingina da daɗewa a gona

Shari'un gona da yawa ba tsakanin magada suke ba. Tsakanin magada ne da wani wanda yake riƙe da gonar. Su ce ubansu aro ya ba shi. Shi ya ce saye ya yi. Ko su ce jingina ce, ga kuɗin sun kawo, shi ya ce ai an daɗe da cika masa ciniki.

A nan alƙalan Shari'a suna aiki da abin da ake kira hauzi. Idan bare ya riƙe gona shekara 10 yana nomanta kamar tasa, mai ita yana gari, yana gani, bai yi magana ba, ba kuwa abin da ya hana shi, to ba za a saurari ƙararsa ba bayan haka. Tsakanin dangi akan kai shekara 40, domin an san ɗan'uwa yakan yi wa ɗan'uwa kawaici. Amma hauzi ba ya cin aro, ba ya cin jingina, ba ya cin haya ko amana, kome daɗewarsu, in dai an tabbatar cewa ta wannan hanya gonar ta shiga hannunsa. Tabbatarwar ita ce aikin. Ana neman shaidu maza biyu, ko namiji ɗaya da mata biyu, ko shaida ɗaya da rantsuwa. Bayan shekara 25, waɗanda suka ga ba da aron sun tsufa ko sun mutu.

Tsofaffi suna da dabara a kan wannan. Mai aron gona yakan kai wa mai ita ɗan dami ɗaya ko biyu kowace kaka, a gaban mutane. Damin ba kuɗin haya ba ne. Shaida ce da ake sabuntawa kowace shekara cewa gonar tana da mai ita. Inda aka bar wannan al'ada saboda kunya, a nan 'ya'ya suke shan wahala.

Abin da zamanin nan ya ƙaro

Kakanninmu ba su san wasu matsalolin da muke gani ba. Tun da aka shiga haƙar zinariya, fakon da ba wanda ya damu da shi ya zama abin faɗa. Kowa ya tuna da 2010, lokacin da gubar dalma daga dutsen zinariya ta kashe yara fiye da 400 a ƙauyuka irin su 'Yargalma a Bukkuyum da Dareta a Anka. Gwamnatin tarayya ta hana haƙar ma'adinai a Zamfara a Afrilu 2019, ta ɗage hanin a Disamba 2024. Abin da magada za su sani shi ne, bisa sashe na 44 na tsarin mulki, duk ma'adinin da ke ƙarƙashin ƙasa na gwamnatin tarayya ne. Gona ake gado, ban da zinariyar da ke cikinta. Kuma magaji ɗaya ba shi da iko ya ba masu haƙa gonar da ba a raba ba, ya karɓi kuɗi shi kaɗai.

Sai kuma 'yan bindiga. A farkon Janairu 2022 an kashe mutane masu yawa a ƙauyukan Anka da Bukkuyum cikin 'yan kwanaki, dubbai suka bar gidajensu. Kafin wannan da bayansa an sace mutane, wasu ba a sāke jin labarinsu ba. Wannan ya kawo tambayoyi biyu.

Wanda ya gudu ya bar gonarsa, wani ya shiga, hauzi zai cinye ta? Sharaɗin hauzi shi ne mai gona yana nan kuma ba abin da ya hana shi magana. Wanda tsoro ya kora yana da uzuri, haka ma maraya har ya balaga. Duk da haka kada a yi shiru. A je wurin hakimi ko uban ƙasa, ko da a garin da ake gudun hijira ne, a sa a rubuta cewa gona kaza ta gidan wane ce, wane kuma yana nomanta da izini ko ba da izini ba.

Wanda ya ɓace fa, a raba dukiyarsa? A Malikiyya matarsa takan kai magana gaban alƙali, a yi bincike, a ɗibar mata shekara 4, sa'an nan ta yi takaba. Dukiyarsa kuwa ba a raba ta da wuri haka. Asalin hukuncin shi ne a jira har ya kai shekarun da sa'o'insa ba sa wucewa, yawanci akan ce 70, sai dai idan shaidu sun tabbatar wa alƙali da mutuwarsa. A dokar shaida ta gwamnati ta 2011, wanda aka yi shekara 7 ba a ji ɗuriyarsa ba, kotu tana iya ɗauka ya mutu. Kafin lokacin, abin da ya fi shi ne dangi su zauna a gaban shaidu su naɗa wanda zai riƙe gonar amana, a ci da matarsa da 'ya'yansa daga amfaninta. Wanda aka tabbatar da rasuwarsa kuwa, a karɓo takardar shaidar mutuwa daga Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa. Banki ba zai saki ko kwabo ba sai da ita.

Wace kotu?

An fitar da Jihar Zamfara daga Jihar Sakkwato ran 1 ga Oktoba 1996. A Janairu 2000, zamanin Gwamna Ahmed Sani, kotunan Shari'a suka maye gurbin kotunan yanki. Suna da iko a kan Musulmi. Wanda ba Musulmi ba, sai da yardarsa. Gadon Kirista, musamman idan akwai wasiyya ko kuɗi a banki ko gida mai takardar gwamna, Babbar Kotun Jiha ce take ba da takardar izinin kula da dukiyar. A shekara ta 2000 kuma Kotun Ƙoli, a shari'ar Adisa da Oyinwola, ta tabbatar cewa Babbar Kotu tana iya sauraron ƙarar gonar ƙauye.

Akwai wani rami da mutane suke faɗawa wajen ɗaukaka ƙara. Sashe na 277 na tsarin mulki ya ba Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a iko a kan gado da wasiyya da kyauta da waƙafi na Musulmi. Amma idan jayayyar ita ce wa ya mallaki gonar, tsakanin magada da bare, ba maganar gado ba ce. Kotun Ƙoli ta faɗi haka a shari'ar Magaji da Matari a 2000. Wanda ya bi hanyar da ba ita ba, bayan shekaru sai a rushe duk abin da aka yi a ce ya koma ya sāke farawa. Ku tambayi lauya kafin ku biya kuɗin ɗaukaka ƙara. Wanda ba shi da hali ya nemi ofishin Hukumar Taimakon Shari'a, wadda gwamnati ta kafa tun 1976.

Kafin kotu akwai zauren mai gari, da hakimi, da uban ƙasa, da fadar sarki. Kada a raina su. Sarkin Gummi da aka naɗa a 2013, Mai Shari'a Lawal Hassan Gummi, Babban Jojin Abuja ne kafin ya hau sarauta. Sulhun da aka yi a zaure, idan an rubuta, kowa ya sa hannu ko ya dangwala yatsa, ya fi hukuncin da zai zo bayan damina biyar. Sai dai a tabbata matan gidan suna wurin, ko wakilin da su da kansu suka zaɓa. Sulhun da maza suka ƙulla a bayan 'yan'uwansu mata shi ne yakan warware a hannun jikoki.

Aikin ƙungiya

Ƙungiya ba kotu ba ce, kada shugabanni su ɗora wa kansu rabon gado. Amma tana da littafi da sakatare, abin da gidaje da yawa ba su da shi. A keɓe shafi ga kowane ɗan ƙungiya. A rubuta gonakinsa ɗaya ɗaya, da maƙwabtan kowace ta gabas da yamma da kudu da arewa, da yadda ya same ta: gado, saye, kyauta, aro ko jingina. A rubuta wadda ya ba wani aro, da shanun da ya ba kiwo, da bashin taki ko na iri da ƙungiya take binsa, domin bashi yana gaban gado. A sāke dubawa kowace shekara bayan girbi. A yi kwafi biyu, ɗaya a ajiye a wani gari, tun da mun ga yadda wuta da ambaliya suke cin takardu. A iyakoki kuma a dasa abin da zai daɗe, kamar gamba ko aduruku ko bini-da-zugu, musamman a fadama inda ruwa yake share kunya.

Dokar ƙungiyoyin gama kai ta yarda ɗan ƙungiya ya rubuta sunan wanda za a miƙa wa jarinsa da ajiyarsa idan ya rasu. A cika wannan tun ranar shiga. Amma sunan da mutum ya ba banki ko wurin aiki a matsayin ɗan'uwa mafi kusa ba ya mai da wannan mutum magaji. Shi ne dai wanda za a fara nema.

Wasiyyar da Babbar Kotu za ta karɓa ba ta bukatar dogon Turanci. A rubuta ta, mai ita ya sa hannu a gaban shaidu biyu da suke wurin lokaci ɗaya, su ma su sa hannu a gabansa. Kada shaidan ya zama wanda aka ba wani abu a cikinta, ko mijinta ko matarsa, domin rabonsa zai faɗi. Idan mai wasiyyar bai iya karatu ba, wanda ya rubuta ya sa sunansa, ya kuma rubuta cewa an karanta masa da harshen da yake ji ya yarda kafin ya dangwala. Mutum ba ya wasiyya da gonar gidansu da ba a raba ba tukuna, sai da abin da yake nasa. In an gama a kai ta ajiya a rajistar Babbar Kotu a Gusau, a gaya wa mutum biyu amintattu inda take.